Bolo: tambayoyi da amsoshi kan ƙaton da ya fi shekara ashirin yana shan duka a fim ɗin Chanis

Duk sanda hirar tsofaffin fina-finan Chanis ta taso, ko a majalisa ko a teburin mai shayi, sai an zo kan Bolo, kuma tambayoyin iri ɗaya ne kullum, gardamar ma haka. Wani ya rantse da idonsa ya ga Burusli ya kashe shi, wani ya ce ai ɗan Japan ne, wani kuma ya ce bebe ne shi ya sa ba ya magana. To na gaji da maimaita amsa, shi ne na tara su wuri guda. Masu sauƙin suna sama, in kai tsohon ɗan silima ne kana iya tsallakewa zuwa tsakiya.

Wai Bolo sunansa ne na yanka?

A'a. Sunansa Yeung Sze, a wasu tsofaffin fina-finan za ka ga an rubuta Yang Sze, duk mutum ɗaya ne, bambancin lafazin yaren Kanton da na Mandarin ne kawai. An haife shi ranar 3 ga Yuli 1946 a Guangzhou, can kudancin Chaina. Bolo sunan da aka saka masa ne a Enter the Dragon na 1973, sai sunan ya manne masa ya ƙi saki, har dai ya haƙura ya koma Bolo Yeung a jikin fasta. Irin abin nan ne da muka sani a Kannywood, mutum ya fito a fim ɗaya sunan fim ɗin ya zame masa inkiya har 'ya'yansa su tashi su ji ana kiransa da ita.

Ɗan Japan ne ko ɗan Koriya?

Ko ɗaya. Ɗan Chaina ne, a Hong Kong ya yi suna. Ruɗanin daga rol ɗin da ake ba shi ne. A shekarun 1970 in mai fim a Hong Kong yana son mugun da 'yan kallo za su tsana tun kafin ya buɗe baki, sai ya mai da shi ɗan Japan, don mutane ba su manta da yaƙin 1937 zuwa 1945 ba, ita kanta Hong Kong sojan Japan sun riƙe ta daga Disambar 1941 zuwa Agustan 1945. Saboda haka an sha ɗaura wa Bolo rigar kareti a ce daga Japan ya zo. A Bloodsport kuma aka ce ɗan Koriya ta Kudu ne.

Wannan ƙirjin nasa na gaske ne ko dabarar kyamara ce?

Na gaske ne malam, ƙarfe ne ya gina shi. Tun yana ɗan shekara goma ya fara koyon kamfu a garinsu, daga baya ya haɗa da ɗaga ƙarfe, da ya zo Hong Kong ya ci gasar masu gina jiki ta Mista Hong Kong, kambun ya yi shekara goma a hannunsa. Abin da mutane ba sa lura da shi shi ne ba dogo ba ne, faɗi ne da shi da kauri, wuyan nan kamar turmi. Inda kyamara take taimakawa shi ne a ɗauko shi daga ƙasa ko a matso kusa da ƙirjin, sai ka ga ya cika allon.

Kuma ka tuna zamanin. A lokacin yawancin 'yan wasan Hong Kong sirara ne masu sauri, da yawansu daga makarantun wasan opera suka fito inda ake koyon tsalle da alkafura tun ana yara. Murɗaɗɗen mutum irin Bolo a cikinsu kamar raƙumi ne a kasuwar awaki, ba sai an nuna maka shi ba.

Da gaske da iyo ya tsallaka zuwa Hong Kong?

Haka yake a tarihinsa da ake bayarwa, cewa a shekarun 1960 ya bar Chaina ta ruwa. Kuma ba shi kaɗai ba ne, dubban matasan lardin Guangdong sun yi wannan kasadar a wancan lokacin, su bi daji da dare har bakin teku sannan su faɗa ruwa su yi awanni suna iyo, don Hong Kong tana hannun Turawan Ingila a lokacin, can kuma gida ga talauci ga rikicin siyasa. Da yawa ba su kai ba, ruwa ya ci su ko masu gadin iyaka su kama su.

Ya aka yi ya shiga fim?

Jikinsa ne ya yi masa hanya. Kamfanin Shaw Brothers, wanda shi ne uban kowa a harkar fim a Hong Kong a lokacin, ya ɗauke shi wajen 1970 don yana buƙatar ƙarti. Za ka gan shi a The Heroic Ones na 1970 da The Deadly Duo na 1971, duka na darakta Chang Cheh, sai King Boxer na 1972 wanda aka kai Amurka da sunan Five Fingers of Death.

Aikinsa a waɗannan fina-finan kusan iri ɗaya ne, ya fito tsirara daga ƙugu zuwa sama, ya yi kuri, ya jefar da mutum biyu uku, sannan wani wanda bai kai rabinsa ba ya zo ya kwantar da shi. A The Heroic Ones David Chiang ne, ɗan siriri da shi, ya yi masa haka tun farkon fim. A King Boxer ma minti kaɗan ya yi, ya fito a ƙaton ɗan Mongoliya mai neman wanda zai kara da shi, aka kayar da shi don kawai mu san wanda ya kayar da shi ɗin ba ƙaramin shaiɗani ba ne. Wato shi sikeli ne, da shi ake auna nauyin wasu. Ka riƙe wannan, za mu dawo kanta a amsar me ya sa kullum shi ake ci.

Ya rayuwar ƙananan 'yan wasa take a Shaw Brothers? Suna samun kuɗi?

Kura da shan bugu, gardi da karɓar kuɗi. Run Run Shaw ya gina sutudiyonsa a Clearwater Bay, aka buɗe a 1961, gari ne guda da ɗakunan ɗaukar fim da titunan zamanin da na katako da makarantar koyon wasa da ɗakunan kwanan ma'aikata. Ana sa wa mutum hannu a kwantiragi na shekaru, albashi ne a wata ba wai kason ciniki ba, fim ya yi kasuwa ko bai yi ba abin da za ka samu ke nan, kuma a shekara ana fitar da fina-finai gommai, to ɗan ƙaramin ɗan wasa yana iya mutuwa da safe a wannan fim ɗin, ya canja kaya da gashin baki ya je ya sake mutuwa da yamma a wani. Manyan jaruman ma ba wani abin kirki ake ba su ba balle mai riƙe wa bos takobi. Shi ya sa da Raymond Chow ya ɓalle ya kafa Golden Harvest a 1970 mutane suka fara zamewa. Burusli kansa tayin Shaw bai yi masa ba, ya tafi wajen Chow a kan dala 15,000 fim biyu.

A ƙasan su Bolo kuma akwai masu faɗuwa, waɗanda ake jefowa daga bene ko a buga da tebur, su a kullum ake ɗaukarsu a sallame su. Da yaren Kanton sunan da ake kiransu yana nufin gwanayen faɗa na dodo da damisa, suna dai kamar na sarauta, aljihu kuma sai a hankali. Bolo bai daɗe a Shaw ba, farkon shekarun 1970 ya fita ya koma yi wa kowane kamfani aiki.

Shi bos ne ko yaron bos?

Tambaya mai kyau, don mu nan duk mugu bos muke ce masa. In ka duba da kyau a yawancin fina-finansa na Hong Kong ba shi ne babban bos ba. Babban bos yana zaune a kujera da shayi da gemu, shi ke da makirci, shi ke da dogon jawabi. Bolo shi ne wanda yake tsaye a bayansa ya harɗe hannu, sai an ɗaga masa gira ya tako. Ɗan wasa sai ya wuce ta kansa kafin ya isa ga maigidan. A Enter the Dragon maigidan Han ne, a Double Impact ma yaron wasu ne. Wurin da ya zama bos na ƙarshe sosai, wanda fim ya ƙare a kansa, shi ne Bloodsport, kuma lokacin ya fi shekara 15 a harkar.

Ina ya haɗu da Burusli?

Wajen ɗaukar tallar taba sigari ta Winston a Hong Kong. Nan suka saba, abota ta ƙullu, da za a yi Enter the Dragon Burusli ya kira shi.

To sun yi faɗa a Enter the Dragon ko ba su yi ba? Ni fa na tuna sun yi.

Ba su yi ba. Wallahi na sha cin kuɗin mutane a kan wannan gardamar tun muna yara a gidan kallo, kuma har gobe in ka faɗa sai wani ya ce kaset ɗinka ne aka yanke. Ba a yanke komai ba. Ga yadda abin yake: Burusli ya fita da dare ya leƙa sirrin tsibirin, ya doke masu gadi, da safe Han ya tara kowa ya sa Bolo ya hukunta masu gadin a gaban jama'a, nan ne ya karya su ɗaya bayan ɗaya, har da wanda ya ɗauka cak ya naɗe kamar tabarma. Burusli yana tsaye yana kallo. Sai kowa ya sa rai cewa lallai waɗannan biyun za su haɗu. Amma a ƙarshe da Han ya ce Roper, wato Baturen nan John Saxon, ya kara da Burusli ya ƙi, sai aka tura masa Bolo, kuma Roper ne ya gama da shi, har da cizo a ƙafa. Burusli da O'Hara ya yi, wanda Bob Wall ya fito a matsayinsa, sai kuma Han a ɗakin madubai.

Abin da ya sa mutane suke tuna faɗan da ba a yi ba abu biyu ne. Na farko akwai hotunan da aka ɗauka a wajen aiki suna gwaji tare, sun yaɗu a mujallu da fastoci. Na biyu, bayan rasuwar Burusli Bolo ya yi faɗa da jabun Burusli ba adadi, duba amsar da ke tafe, to ƙwaƙwalwar yaro ɗan shekara goma sai ta haɗe su.

Ra'ayina dai an cuce mu. Ba wanda ya yarda a ransa cewa Roper zai iya da Bolo, amma kamfanin Warner na Amurka ne ya zuba kuɗin, wajen dala 850,000, dole Baturensu ya samu nasa babban faɗan.

Da Burusli ya rasu me ya faru da aikinsa?

Burusli ya rasu 20 ga Yuli 1973, fim ɗin ya fito a Amurka cikin Agusta ya yi kasuwar da ba a taɓa gani ba, duniya tana neman ƙari ga shi mai abin ya tafi. Sai ƙananan furodusoshi suka fara ƙera nasu, a samo yaro mai kama da shi a yi masa askin a saka masa baƙin gilashi a ce ya dinga shafa hanci yana kuka kamar kyanwa. Aka samu Bruce Li daga Taiwan, Bruce Le, da Dragon Lee daga Koriya. To me zai sa ɗan kallo ya yarda cewa abin yana da alaƙa da na asali? Sai a ɗauko wanda aka gani tsaye kusa da Burusli na gaske. Nan kasuwar Bolo ta buɗe. Yana cikin The Image of Bruce Lee da Enter the Game of Death duka na 1978, da The Clones of Bruce Lee inda wai likita ne ya ƙera Burusli har uku, da Challenge of the Tiger na 1980.

Gaskiya yawancinsu tarkace ne, labari ba kai ba gindi, amma su ne suka riƙe shi shekara kusan goma, kuma irinsu ne suka cika silimun Kano su Eldorado da Plaza da Orion da Marhaba ana jera su da na Indiya, daga baya suka koma kaset na haya. A unguwarmu duk yaron da ya fara ɗaga bokitin siminti ƙirji ya ɗan fito, to ya zama Bolo ke nan, ko ya so ko ya ƙi.

Me ya sa zan ga hotonsa ƙato a fasta amma in na kalla minti biyar ya yi?

Dabarar 'yan kasuwa ce, kuma tsohuwa ce. Babban misali Chinese Hercules na 1973. Duk wanda ya ga fastar zai ɗauka Bolo ne jarumin, alhali jarumin Chan Wai-man ne, Bolo ƙaton da miyagu suka ɗauko ne don ya murƙushe leburorin tashar jirgin ruwa. Masu rarraba fim a Amurka sun ga fuskarsa ta shiga ido bayan Enter the Dragon, sai suka ɗora tallar gaba ɗaya a kansa. Zamanin kaset da faifai abin ya ƙara lalacewa, a tono tsohon fim da ya leƙa sau ɗaya, a canja masa suna, a manna hotonsa na Bloodsport a bango. In ka ga fim ɗaya da suna uku kada ka yi mamaki.

Bebe ne? Ko muryarsa ce ba ta da daɗi?

Yana magana lafiya lau. Fina-finan Hong Kong na lokacin ba a ɗaukar murya a wajen aiki, hoto kawai ake ɗauka, daga baya a shiga ɗaki a ɗora Mandarin ko Kanton ko Turanci, kuma sau da yawa ba mai rol ɗin ne yake ɗora tasa ba. To muryar da ka ji a kaset ɗin Turanci ta wani ce can daban. Ko Shih Kien da ya fito a Han bai iya Turanci ba, Keye Luke ne ya yi masa murya.

Ban da haka rol ɗin nasa ba na surutu ba ne. Ni a ganina shirun ne ma rabin kwarjininsa, ya zuba maka ido, ya ɗan yi murmushin mugunta, ya motsa naman ƙirji ɗaya bayan ɗaya, magana ta ƙare. Shi ya sa wanda bai ji Turanci ko Chanis ba ma ya gane Bolo sarai.

Su waye kuma a Enter the Dragon da ba a san su ba lokacin?

Fim ɗin cike yake da su. Mai ƙibar da Burusli ya kayar a faɗan farko Sammo Hung ne. Mai gadin da ya kamo shi ta baya a kogo aka finciki gashinsa aka karya masa wuya Jaki Chan ne. Yuen Wah shi ya yi wa Burusli wasu alkafurorin, Lam Ching-ying kuma ya tsaya wa Shih Kien a wuraren da tsoho ba zai iya ba, don an haifi Shih a 1913, yana da shekara kusan 60 lokacin. Lam ɗin nan shi ne daga baya ya zama malamin nan mai kama gawarwaki masu tsalle a Mr. Vampire na 1985, ya rasu a 1997.

Ya taɓa yin fim da Jaki Chan? Da ɗan Burusli fa?

Ban da wanda na faɗa a sama, sun haɗu a My Lucky Stars na 1985, amma leƙowa kawai Bolo ya yi a wani wurin barkwanci, ba su kara ba. Brandon Lee kuwa sun yi faɗa, a Legacy of Rage na 1986 wanda Ronny Yu ya ba da umarni, gajeren faɗa ne a lungu. Abin da ba a samu da uban ba aka ɗan samu da ɗan.

Me ya sa Bloodsport ya bambanta?

Saboda a nan ne aka ba shi fili. Kamfanin Cannon ne ya yi fim ɗin, Newt Arnold darakta, an ɗauka a Hong Kong har da cikin wata unguwa mai duhu a yankin Kowloon, wadda aka rushe daga baya, ya fito a 1988. Kuɗin da aka kashe bai kai dala miliyan 3 ba, a Amurka kaɗai ya kawo sama da miliyan 11, kaset kuma ya kai shi ko'ina. Bandam lokacin ba kowa ba ne, yaro ne daga Beljiyam mai iya tsaga ƙafa. Bolo ya fito a Chong Li, zakaran gasar ɓoye da ake kira Kumite.

Ka lura da yadda aka gina shi a hankali. Ya karya ƙafar wani har ƙashi ya fito. Ya tattake kan Jackson abokin ɗan wasa ya kwance ɗankwalin kansa ya tafi da shi, ranar ƙarshe ya ɗauro shi a ƙafa don tsokana. Ya kashe abokin karawarsa bayan ya riga ya ci shi, ya juyo yana jiran tafi, alƙalai suka juya masa baya. Da ya ga ana cin sa kuma ya watsa wa Bandam gari a ido. Wato mugu ne, matsoraci ne, kuma mai son a yabe shi ne, duk a fuska ya nuna wannan da kalmomin da ba su fi a ƙirga da yatsu ba. Cire Bolo daga fim ɗin ka ga abin da zai rage, tsage ƙafa da ihu. Kuma ga masu cewa an kashe shi, ba a kashe shi ba, tilasta masa aka yi ya furta da bakinsa cewa ya sallama.

Maganar cewa labarin gaskiya ne na wani Frank Dux kuwa, tun 1988 jaridar Los Angeles Times ta bincika ta nuna labarin nasa da ramuka, ka kalle shi a fim kawai.

Wai shekararsa 50 lokacin Bloodsport?

A'a, wannan daga wuraren da suka rubuta an haife shi 1938 ne. In ka bi 1946, yana da wajen 40 aka ɗauki fim ɗin a 1986. Bandam haihuwar 1960 ne, shekara 14 ke nan tsakaninsu.

Sun sake haɗuwa da Bandam?

Eh, a Double Impact na 1991, wanda Bandam ya fito a tagwaye. Bolo shi ne Moon, mai tabo a fuska da ido ɗaya da ya lalace. Faɗansu na ƙarshe a cikin jirgin ruwa ne inda yake ɗaga ganguna yana jifa, lantarki ne ya ƙarasa shi. Sun shaƙu tun Bloodsport, shi ya sa Bandam ya sake nemo shi.

Ya taɓa fitowa a mutumin kirki?

Ya taɓa, sai dai ido bai saba ba. A Shootfighter na 1993 shi ne Shingo, malami mai haƙuri da ya je ceto ɗalibansa, a TC 2000 kuma shi ya horar da Billy Blanks. Ranar da na fara kallon Shootfighter har aka kusa tashi ina jiran ya juya ya ci amanar yaran. A Tiger Claws da Cynthia Rothrock ya koma gidan jiya, mai kisan gwanayen faɗa.

Tun ƙarshen shekarun 1970 ma ya gwada zama darakta, ya yi wani mai suna Bolo, na barkwanci, da Writing Kung Fu na 1979. Abin dariya, a na biyun da yake shi ke da wuƙa da nama, rol ɗin mugu ya ba kansa.

Me ya sa kullum shi ake ci? Ba ya jin haushi?

Aikin ke nan ai, kuma ba kowa ya iya ba. Kamar yadda na ce a amsar shigarsa fim, shi sikeli ne. In bos bai ba ka tsoro ba, nasarar ɗan wasa ba ta da daɗi, kamar a ce shahararren ɗan dambe ya kashe wanda bai taɓa ɗaura zare ba, wa zai yi kiɗa a kan wannan. Dole a rabin farko ka yarda cewa mutumin nan ba ya kayuwa, a rabin ƙarshe kuma ka yarda ya kayu, duka biyun a wuyan mai rol ɗin suke.

Sannan karɓar duka fasaha ce. Naushin fim ba ya taɓa ka, ko ya taɓa ka kaɗan, kai ne za ka karya wuya daidai lokacin, ka yi tangaɗi, ka nuna mamaki cewa yau kai ake yi wa haka. In ka riga naushin an ga ƙarya, in ka makara an ga ƙarya. Sake kallon wurin da Bandam yake tashi sama yana juyo masa ƙafa a hankali, ka bar kallon ƙafar ka kalli fuskar Bolo, nan ƙarfin shurin yake. Jarumai da yawa da suka kayar da shi a shekarun 1970 yau ko sunansu ba a tunawa.

To a zahiri ya iya faɗa?

Ya koyi kamfu tun yana yaro wajen malamai daban daban, kuma wanda ya fi so shi ne taici, mai tafiya a hankali ɗin nan da tsofaffi suke yi a fili da safe, abin da ba wanda zai zata in ya ga jikinsa. Amma gasar da aka san ya ci ta gina jiki ce ba ta faɗa ba. Masu tambayar wa zai ci tsakaninsa da Burusli ko Bandam a titi, ku ci gaba da gardamarku, ni ba ruwana.

Tsakaninsa da sauran bosawa wa ya fi?

Ya danganta da abin da kake nema. In ƙafa ce, Hwang Jang-lee ɗan Koriya ba shi da na biyu, shi ne bos a Snake in the Eagle's Shadow da Drunken Master duka na 1978, a na farkon har haƙorin Jaki Chan ya cire da shuri, ba da wasa ba. In makirci ne da dariyar mugunta, Shih Kien, wanda tun 1949 yake fitowa mugu a jerin fina-finan Wong Fei-hung har sunansa ya zama abin da mutanen Hong Kong suke kiran duk wani maƙetaci da shi. Bolo bai kai Hwang sauri ba, bai kai Shih iya wasa da baki ba. Abin da ya fi su shi ne ko daga bayan silima, ko hoton kaset ya yi dishi dishi, da ya shigo ka san shi ne.

Ina ya shiga bayan shekarun 1990?

Ya koma Amurka da zama, yankin Los Angeles. Bayan Shootfighter na biyu da Tiger Claws na biyu a 1996 ya ja baya sosai, sai jefi jefi, kamar wani fim da aka yi a Kazakistan a 2007 da wani kuma a 2015. Yakan halarci tarukan masoya fim da na masu gina jiki.

In zan fara kallo, da wanne zan fara?

Enter the Dragon tukuna, sai Bloodsport, sai Double Impact. In kana son ganin sa yana saurayi ka nemi Chinese Hercules, amma ka yi haƙuri sai fim ya yi nisa yake fitowa. Na jabun Burusli kuwa ɗaya ya ishe ka, ka ɗauki The Clones of Bruce Lee, ka tara abokai, kada ka kalla kai kaɗai.